Haɗa launukan katako a kayan ɗaki

Haɗa launukan katako dabara ce ta kafintoci da masu ƙawata gida, inda ake amfani da katako iri biyu ko uku masu launi daban-daban a ɗaki ɗaya, ko a jikin abu guda kamar gado, sif ko teburi. A Kano, kasuwar 'Yan Katako ta Na'ibawa da ke kan titin Zariya tana cikin wuraren da aka sani da wannan aiki, musamman wajen haɗa kayan ɗakin amare.

Ire-iren katako

Yawancin katakon daga dazuzzukan kudancin Najeriya ake kawo shi. Obeche da malaina farare ne, ba nauyi, kuma sun fi araha. Maɗaci ja ne, mansoniya kuma ruwan ƙasa mai duhu. Iroko, wanda ake kira loko, yana da wani hali: rawaya-rawaya yake idan aka tsaga shi, amma haske da iska suna rina shi ya koma ruwan ƙasa, don haka launin da mai saye ya gani a kasuwa ba shi zai zauna ba. Maɗobiya mai kyan zane ta yi ƙaranci saboda yawan sara, kuma tun 2017 yarjejeniyar CITES ta taƙaita cinikinta tsakanin ƙasashe.

Yadda ake haɗawa

Akan zaɓi launi ɗaya ya rinjaye, galibi na gado da sif, sannan a sa na biyu a ƙananan kaya kamar durowa da firam ɗin madubi, a wuri biyu ko uku don kada ya zama bare. Fari da mai duhu sun fi dacewa da juna. Launuka biyu da suka yi kusa amma ba su zo ɗaya ba kuwa, sai a ɗauka kuskure kafinta ya yi. Ana kuma la'akari da tayil, kafet da labule.

Matsaloli

Akan rina farin katako a sayar da shi da sunan maɗaci. Ana gane haka ta duba cikin durowa ko ƙarƙashin gado, inda fenti bai kai ba. Haka nan kowane katako da yadda yake tsukewa. Idan aka haɗa iri biyu ba su gama bushewa ba, iskar hunturu takan buɗe mahaɗar.