Matsayin Kalma a Tsaron Lalitar Kuɗin Kirifto

1.0 Gabatarwa

Manufar wannan maƙala ita ce bayyana yadda ake tsare lalitar kuɗin kirifto da yadda ake maido ta idan ta salwanta, tare da nuna inda lamarin ya shafi masana harshe.

2.0 Daga Fayil Zuwa Kalmomi

Lalitar kirifto mabuɗan sirri take ajiyewa, waɗanda da su ake sarrafa kuɗin. A manhajar Bitcoin ta farko, wadda ta fito a 2009, mabuɗan suna cikin fayil mai suna wallet.dat. Wanda ya rasa fayil ɗin ba tare da kwafi ba, ya rasa dukiyarsa. Haka ta faru ga James Howells na Birtaniya, wanda a 2013 aka zubar da ma'ajiyar kwamfutarsa a juji da Bitcoin kusan 8,000.

A shekarar ce aka gabatar da tsarin BIP39, wanda ke samar da mabuɗan daga kalmomi 12 ko 24, da ake zaɓowa daga jeri mai kalmomi 2,048. Idan wayar ɗan kasuwa a Jekadafari ko Pantami cikin Gombe ta ɓata, sai ya shigar da kalmominsa bi da bi a wata wayar, lalitarsa ta dawo. Duk wanda ya ga kalmomin kuwa, ya mallaki dukiyar. Saboda haka ake rubuta su a takarda, a ɓoye.

3.0 Matsalar Hausa

Akwai jerin kalmomin a harsuna kamar Ingilishi da Faransanci da Japananci, amma babu na Hausa. Fassara ba ta magance matsalar, domin daga haruffan kalmomin kansu ake lissafo mabuɗan. A jerin Ingilishi, haruffa huɗu na farko sun isa su bambanta kowace kalma. Mai tsara jerin Hausa dole ya guji tagwaye irin su baki da baƙi, ko kafa da ƙafa, tunda mutane da yawa ba sa sanya ƙugiya a waya. Haka kuma kalmomi kamar gari da fari, waɗanda karin sauti da tsawon wasali ke rarrabe ma'anoninsu, suna iya rikita mai hadda.

4.0 Kammalawa

Daga bayanan da suka gabata, an ga cewa tace kalmomi 2,048 da Bagombe da Basakkwace za su rubuta iri ɗaya aiki ne na masana ƙamus da daidaitacciyar Hausa.