Squid Game: yadda masoya suka mayar da fim ɗin Koriya wasan kowa a intanet

Ranar 17 ga Satumban 2021 kamfanin Netflix ya saki Squid Game, fim mai dogon zango na Koriya ta Kudu. Labarin mutane 456 ne da bashi ya yi wa katutu, suka yarda su shiga wasannin yara don lashe won biliyan 45.6, duk wanda ya faɗi kuma a kashe shi. Cikin kwana 28 aka kalle shi na awa biliyan 1.65, a cewar kamfanin.

Masoya ba su tsaya ga kallo ba. A TikTok matasa suka dinga kwaikwayon ƴar tsanar nan mai juya kai, wasu suna gwada cire siffa daga alawar dalgona da allura. A Roblox kuwa aka ƙirƙiro wasannin da ke bin tsarin fim ɗin.

Kwaikwayon da ya fi jan hankali shi ne na Ba'amurke Jimmy Donaldson, wanda aka fi sani da MrBeast. A watan Nuwamban 2021 ya gina filayen wasan, ya tara mutane 456, ya ba wanda ya yi nasara dala 456,000, wato sama da CFA miliyan 250. Ba a kashe kowa ba, amma ya ce aikin ya ci kimanin dala miliyan 3.5. Ɗaruruwan miliyoyin mutane sun kalli bidiyon a YouTube.

A Legas, yaran Ikorodu Bois sun bi wata hanya. Sun saba kwaikwayon manyan finafinai da kwali, baro da tarkacen gida, kuma Squid Game ma bai tsere musu ba. Tun a 2020 Netflix ya aika musu kyautar kayan ɗaukar hoto bayan sun kwaikwayi tallar fim ɗin Extraction.

Sai dai lamarin bai rasa ƙura ba. Makarantu a Ingila da Beljiyam sun gargaɗi iyaye bayan an ga ɗalibai suna wasan tare da dukan wanda ya faɗi. Masu suka kuma na cewa labarin da aka rubuta don nuna yadda masu kuɗi ke nishaɗi da wahalar talaka ya koma abin da yake suka, musamman da Netflix ya shirya tasa gasar a 2023 kan dala miliyan 4.56.

Shi kuwa marubucin, Hwang Dong-hyuk, ya shafe kusan shekara 10 yana neman mai karɓar labarin. Ya shaida wa ƴan jarida cewa zangon farko bai mayar da shi attajiri ba, domin kuɗin kwangila kawai aka biya shi, alhali kafar Bloomberg ta ruwaito cewa Netflix ya ƙiyasta darajar fim ɗin da kusan dala miliyan 900.