Isa Yuguda: Yadda ma'aikacin banki ya zama gwamnan Bauchi

An haifi Malam Isa Yuguda a 1956, ya karanta ilimin tattalin arziki a Jami'ar Ahmadu Bello, Zariya. A harkar banki ya yi suna, har ya shugabanci bankin Inland, daga bisani bankin NAL.

Ya riƙe ma'aikatar sufurin jiragen sama daga 2003 zuwa 2005. A zaɓen 2007 ya tsaya a ANPP, ya ƙwace jihar Bauchi daga hannun PDP. A 2009 sai ya koma PDP ɗin. Mataimakinsa, Garba Gadi, ya ƙi bin sa, majalisar jiha ta tsige shi, kotu ta mayar da shi a 2010. Yuguda ya kammala wa'adinsa na biyu a 2015.