Kukan Ɗan Tsuntsu: Yunwa Ce Ko Wayo?

Hausawa sun ce kukan kurciya jawabi ne, mai hankali ke ganewa. Akwai wani jawabi makamancin wannan da masana ilimin dabbobi suka shafe fiye da shekara 70 suna ƙoƙarin ganewa, wato kukan da 'ya'yan tsuntsu suke yi idan an kawo musu abinci. Da zarar uwa ta sauka a bakin sheƙa, sai kowane ya miƙa wuya, ya wangale baki, ya dinga karkaɗa fukafukai yana ihu. Ita kuwa tsutsa ɗaya ce a bakinta, ga bakuna huɗu ko biyar a buɗe. Wa za ta ba? Kuma yaya za ta san wanda yunwa ta fi damu?

Ba kowane ɗan tsuntsu ne ke wannan roƙo ba. Ɗan tsakon kaza yakan fito daga ƙwai da gashinsa, idonsa a buɗe, ba da jimawa ba ya fara bin uwarsa yana tsattsagar abinci da kansa. Ɗan tattabara kuwa yakan fito ido a rufe, ba ya iya komai, sai ya cusa bakinsa cikin na uwa ko uba ya sha wani abu mai kauri kamar madara da suke fitarwa daga maƙogwaro. Irin waɗannan da ba su iya ciyar da kansu, rayuwarsu ta rataya ne a kan iya roƙo.

Saƙo yana tafiya ta ɓangare biyu

Wani masani ɗan ƙasar Holan mai suna Niko Tinbergen ya yi nazarin wani tsuntsun bakin teku wanda ke da ɗigo ja a ƙasan bakinsa. Ya lura cewa ɗan tsuntsun yakan saƙi wannan ɗigo, sannan uwar ta amayo masa abinci. Sai ya yanka kwali da siffar kan tsuntsun, wasu da ɗigo, wasu babu. 'Ya'yan suka fi saran masu ɗigon, alhali kwali ne kawai. An buga wannan bincike a 1950, kuma a 1973 Tinbergen ya samu kyautar Nobel tare da wasu masana biyu. Binciken ya nuna cewa uwa tana da alamar da take nuna wa ɗa, shi ma ɗan yana da tasa, kuma da yawa daga cikin wannan ɗabi'a gadonta ake yi.

Abin da ake gado kuwa yana iya sauyawa a hankali. Ɗan da ya fi iya roƙo ya fi samun abinci, ya fi rayuwa, ya haifi 'ya'ya masu irin halinsa. Uwar da ta fi iya gane mabuƙaci ita ma 'ya'yanta sun fi rayuwa. Haka ɗabi'ar ta yi ta gyaruwa daga zuriya zuwa zuriya.

Inda ra'ayi ya bambanta

A 1974 Robert Trivers na Amurka ya nuna cewa buƙatar uwa da ta ɗa ba daidai suke ba. Uwa ta ba kowane ɗanta rabin ƙwayoyin gadonta, saboda haka duk ɗaya suke a wurinta. Shi kuwa ɗan, abin da ya haɗa shi da ɗan'uwansa na uwa ɗaya uba ɗaya kashi 50 ne cikin 100, don haka cikinsa ya fi masa muhimmanci. Ga kuma wahalar iyaye. Wasu ƙananan tsuntsaye sukan yi sawu ɗaruruwa a yini suna kai abinci, kuma uwar da ta ƙarar da ƙarfinta bana ba lalle ta kai baɗi ba. Ke nan ɗa yana da dalilin ƙara gishiri a kukansa. To, idan kowa zai yi ƙarya, me zai sa uwa ta ci gaba da saurare?

Amsar da ta fi shahara ita ce, alama takan zama abin yarda idan tana da tsada. Amotz Zahavi na Isra'ila ne ya kawo wannan tunani a 1975, sannan Charles Godfray na Ingila ya yi lissafinsa a kan roƙon 'ya'ya a 1991. Idan ihu yana da asara, wanda ya ƙoshi ba zai ci ribar yin sa ba, sai mai yunwar gaske.

Asara ta farko ita ce haɗari, domin kunnen da ke jin ihun ba na uwa ba ne kawai. A 1994 David Haskell ya ajiye sheƙunan gwaji da ƙwai a ciki, ya sa wa wasu lasifika mai fitar da kukan roƙo. A cikin waɗanda ke ƙasa, masu kukan sun fi fuskantar farmakin dabbobi. Ta biyu ita ce ƙarfin jiki. A nan masana suna da saɓani, saboda gwaje-gwaje da dama sun nuna ƙarfin da ihun ke ci ba shi da yawa. Amma Rebecca Kilner ta Jami'ar Kambirij ta gano cewa 'ya'yan kanarin da aka sa suka daɗe suna roƙo kafin a ba su abinci ba su yi saurin girma kamar sauran ba. Ita ce kuma ta nuna a 1997 cewa cikin bakin ɗan kanari yakan ƙara ja idan yana jin yunwa, iyaye kuma sun fi ciyar da mai jan bakin.

Zumunci ma yana rage ƙarya. An gano cewa a jinsunan da 'ya'yan sheƙa ɗaya kan kasance ba uba ɗaya ba, ihun ya fi ƙarfi.

Baƙon da ba ya jin tausayi

Idan babu zumunci kwata-kwata fa? Akwai tsuntsun da Turawa ke kira kuku saboda yadda kukansa yake, wanda ke hayayyafa a Turai ya zo Afirka lokacin sanyi. Macen ba ta gina sheƙa, a sheƙar wani take saka ƙwanta. Ɗanta yana ƙyanƙyashewa sai ya ture sauran ƙwai ko 'ya'ya waje. Nick Davies da abokan aikinsa sun nuna a 1998 cewa wannan ɗa guda yana kuka da sauri kamar 'ya'ya cike da sheƙa. Da suka sa ɗan wani tsuntsu mai girmansa a sheƙar, masu sheƙar ba su kawo abinci sosai ba, sai da aka kunna kukan ɗan kuku a lasifika.

Mu ma muna da namu. A duwatsun Jos akwai wani ƙaramin tsuntsu ja wanda Robert Payne ya bayyana wa masana a 1998, da wani baƙi mai sheƙi da ke saka ƙwai a sheƙarsa. 'Ya'yan dangin jan tsuntsun suna da ɗige-ɗige a cikin baki, kowane jinsi da irin nasa. 'Ya'yan dangin baƙin kuwa suna fitowa da irin zanen masu riƙonsu. Su ba sa ture kowa, tare suke girma, amma da shaidar jabu suke cin abinci.

Wannan ƙa'ida ba ta tsaya ga tsuntsaye ba. Wata barewa ta gabashin Afirka takan yi tsalle sama idan ta ga mai farautarta, maimakon ta ruga nan take. Mai rauni ba ta iya wannan tsalle sosai, shi ya sa maharbin kan fi bin wadda ba ta yi da kyau ba.

Idan kuka ga sheƙa a harabar makaranta, ku tsaya daga nesa na minti 10, kada ku taɓa. Ku ƙirga sawun uwar, ku lura ko mai yawan ihu ne ke samu, ko mai dogon wuya, ko wanda ya fi kusa da inda take sauka. Ku rubuta abin da kuka gani ku kawo wa kulob, za mu manna shi a fitowa ta gaba.