Sarakunan Indiya da Namu a Hannun Turawa

Sau da yawa yara su kan yi tambaya cikin darasin tarihi, su ce, ƙaƙa Turawa 'yan kaɗan suka mallaki ƙasa mai faɗi kamar Nijeriya ta Arewa? Amsa ita ce, da hannun sarakuna suka yi mulki. Wannan dabara kuwa sun daɗe da gwada ta a Indiya kafin su zo nan.

A zamanin dā babbar sarautar Indiya ita ce ta Mugal, zuriyar Babur, wanda ya ci Delhi a 1526. A ƙarƙashinta akwai sarakuna da yawa masu kai gaisuwa, waɗansu Musulmi, waɗansu Hindu. Da ƙarfinta ya ragu, sai kowa ya shiga cin gashin kansa. Wani kamfanin ciniki na Ingilishi ya sami hanya, ya ci yaƙin Filasi a 1757, ya dinga haɗiye ƙasashe har aka yi babban tawaye a 1857. A 1858 Sarauniya Biktoriya ta karɓi mulki, ta yi alkawarin barin sauran sarakuna bisa gadonsu. Amma babban sarki a kan ajiye masa Razdan, ba shi kuwa da ikon fita yaƙi. Irin waɗannan ƙasashe sun fi 560.

To, shi Gwamna Lugga a Madaras ta Indiya aka haife shi a 1858, can kuma ya yi aikin soja yana saurayi. Da Turawa suka shiga Zariya a 1902, suka ci Kano da Sakkwato a 1903, sai ya bi wannan gurbi. Sarki ya riƙe rawaninsa da alƙalansa da dogaransa, yana tara haraji da jangali, amma sandar girma daga hannun Gwamna ta ke fitowa. Wanda ya ba da sanda kuwa yana iya karɓe ta. Haka aka tuɓe Sarkin Zazzau Kwasau, daga baya kuma aka tuɓe Aliyu Ɗan Sidi da ya gaje shi.

Yanzu mu dubi ƙasarmu. Wajen 1810 Fulani suka kafa sarautar Jama'a, tana bin Zazzau. Garuruwa irin su Kauru da Zangon Katab su ma suna bi, amma ikonsu a kan ƙauyukan da ke kewaye ba ya zama daram, yau a biya gandu, gobe a ƙi, a hau dutse. Mutanen Kagoro ma ba a taɓa cinsu ba. Da Turawa suka zo, suka auna iyaka, suka rubuta a takarda. Kagoro da Marwa da Jaba aka bar su da sarakunansu, amma Katab da Kaje, watau Atyap da Bajju, yawancinsu aka sa su a hannun hakiman Zazzau. Bayan da hanyar jirgin ƙasa ta raya Kafanchan, Sarkin Jama'a ya ƙaura nan a 1933.

Abin lura shi ne, Turawa sun rage wa sarki ƙarfi daga sama, sun ƙara masa daga ƙasa. A dā in sarki ya matsa, mutane su kan yi ƙaura ko su yi bore. Amma da bindigar Bature ta tsaya bayansa, wannan ƙofa ta rufe. Inda addinin sarki ya bambanta da na yawancin talakawansa, nan aka fi jin nauyin abin. Haka ya faru a Haidarabad, inda sarki Musulmi ne, yawancin jama'a Hindu, da Kashmir, inda sarki Hindu ne, yawancin jama'a Musulmi.

Ƙarshen labarin bai zama ɗaya ba. Indiya ta sami mulkin kai a 1947, ta haɗa ƙasashen sarakuna da sauran ƙasa, a 1971 kuma ta soke albashinsu da muƙamansu. Mu a nan gyaran ƙananan hukumomi na 1976 ya kawar da En'e, amma sarauta ta wanzu, har ma ta ƙaru, gama a 1995 Atyap da Bajju suka sami sarakunan kansu.

'Yan'uwa malamai, a ajinmu za mu iske ɗan gidan hakimi da jikan wanda ya ɗauki kayan hakimi, suna zaune bisa benci ɗaya. Ya kamata mu koya musu wannan tarihi sosai yadda ya faru, ba ƙari, ba ɓoyo, don kada su je su ji shi a bakin mai neman husuma.