Kuɗin Takardar Izinin Aiki ga Baƙi a Ƙasar Kura da Bunkure

Tun da aka gama madatsar Tiga a 1974, ruwa ya isa gonakin Kadawa da Kura da Bunkure, baƙi ba su yankewa a lokacin noman rani. To, baƙin nan iri biyu ne ga doka, abin da ake biya kuwa ba ɗaya ba ne.

Na fari su ne mutanen ƙasashen ECOWAS. Yarjejeniyar 1979 ta ba su kwana 90 ba biza. Wanda zai zarce haka sai ya nemi katin zama wurin Hukumar Shige da Fice. Nijar ta fita daga ƙungiyar a Janairu 2025, amma sa'an nan ƙungiyar ta ce a ci gaba da karɓar takardun mutanenta sai an sake sanarwa.

Na biyu shi ne baƙon nesa, kamar injiniyan kamfanin casar shinkafa. Nan kuɗi yake da nauyi. Kamfanin zai fara neman gurbi a Ma'aikatar Cikin Gida, kāna baƙon ya karɓi katin CERPAC, wanda a Disamba 2018 aka ɗaga kuɗinsa daga dala 1,000 zuwa 2,000 a shekara.

Ko kwabo daga kuɗin nan ba ya bi ta hannun hakimi ko dagaci. Gwamnatin Tarayya ake biya, a karɓi rasit. Wasiƙar malamin hakimi shaida ce kurum, ba ta zama izini. Ya kamata a faɗa wa baƙo haka tun ranar saukarsa, gama a korar Janairu 1983 marasa takarda aka fitar, har da mutanen Nijar masu yawa.