Kogin Rai: Taskar Sanin Magabata a Wasan Final Fantasy VII

1.0 Gabatarwa

Tun fil azal ɗan Adam yake tambayar kansa ina sanin mutum yake tafiya bayan ya mutu. A shekarar 1960, a wani taron UNESCO, masanin nan na ƙasar Mali, Amadou Hampâté Bâ, ya kwatanta mutuwar dattijo a Afirka da gobarar ɗakin littattafai. Wannan maƙala za ta duba wata amsa dabam da ƙagaggen labari ya bayar, watau ta wasan kwamfuta mai suna Final Fantasy VII, wanda kamfanin Square na ƙasar Japan ya fitar a shekarar 1997. Ko da yake wasa ne, yana da jigo da taurari da zubi da tsari, saboda haka ya cancanci irin nazarin da ake yi wa sauran adabi.

2.0 Ma'anar Kogin Rai

A duniyar da labarin ya ƙaga, akwai wani makamashi kore mai haske da ke malala a ƙarƙashin ƙasa. Sunansa Lifestream, wanda a nan za a kira Kogin Rai. Wani dattijo mai suna Bugenhagen ne ya yi wa taurarin labarin bayaninsa: duk mai rai, mutum ko dabba ko tsiro, daga kogin ya samo ransa, in ya mutu kuma can ran zai koma. Ran ba ya komawa hannu rabbana, yakan tafi da duk abin da mai shi ya gani, ya ji, ya koya. Ta haka kogin ya zama rumbun da kowace mutuwa take ƙara wa tsaba, kowace haihuwa kuma take ɗiba daga ciki. Wannan tunani ya yi kama da ra'ayin Gaia na masanin kimiyya James Lovelock, wanda a littafinsa na 1979 ya ɗauki duniya tamkar halitta guda mai daidaita kanta. Bambancin shi ne labarin ya ƙara wa duniyar tasa ƙwaƙwalwa.

3.0 Mako da Materiya

Rikicin labarin ya taso ne daga wani kamfani mai suna Shinra, wanda ya gano yadda ake zuƙo kogin a mai da shi wutar lantarki. Abin da ake zuƙowa shi ake kira Mako, kalmar da aka ƙera da Japananci mai nufin hasken sihiri, ba ta kuwa da alaƙa da makon kwana bakwai. A birnin Midgar kaɗai akwai tashoshi 8 masu wannan aiki, ƙasar da ke kewaye da birnin kuwa ta zama fako. Idan makamashin ya daskare yakan zama wasu duwatsu da ake kira Materiya, masu ɗauke da ilimin mutanen farko, watau Cetra. Wanda ya riƙe dutsen yakan iya kiran wuta ko ƙanƙara ko da bai san yadda abin yake aukuwa ba, domin da aron sani yake aiki. Ke nan kowace fitila da aka kunna a Midgar, sanin magabata take ci, kamar manomin da ya dafa irin shukarsa.

4.0 Sanin Mutum Ɗaya Cikin Na Jama'a

Har ila yau, labarin ya nuna cewa taskar tana da haɗari. Wanda ya nutse a kogin, tunanin ɗimbin matattu yakan kwararo masa har ya manta ko shi wane ne. Haka ta faru ga tauraron labarin, Cloud, wanda tun da fari ya cuɗanya tarihinsa da na abokinsa Zack. Bayan ya faɗa kogin, an tsince shi a garin Mideel ba ya gane kowa. Bai dawo hayyacinsa ba sai da Tifa, wadda suka tashi gari ɗaya, ta bi shi cikin tunaninsa, suka riƙa gwada abin da ya tuna da abin da ita ta shaida, har gaskiyar abin da ya faru a garinsu, Nibelheim, shekara 5 kafin nan ta fito. Kogin ya adana komai, amma sai da aka sami shaida kafin a rarrabe tsaba da ƙaiƙayi.

5.0 Kammalawa

A taƙaice, labarin ya juya kwatancen Hampâté Bâ. A nan mutuwa ajiya ce, masu rai ne ke cinna wa taskar wuta don biyan bukatar dare ɗaya. A ƙarshe kogin da kansa ya taso ya kare duniya daga wani ƙaton dutse da ke faɗowa daga sama, bayan shekara 500 kuma aka nuna Midgar ta zama kufai, tsirrai sun rufe ta. Darasin ga mai nazarin adabin baka a fili yake: tara muryoyin dattawa a faifai rabin aiki ne, sauran rabin shi ne a sami wanda ya san mai maganar, da lokacinta, da dalilinta.